Bahon Jini: Elizabet Batori da Takwarorinta a Idon Gajeren Fim

Bahaushe ya ce gani ya kori ji, kuma da wuya a sami inda maganar ta fi cin kasuwa kamar a gajeren fim. Duk wanda ya shiga YouTube ya rubuta sunan Elizabet Batori zai tarar da finafinai rututu, waɗansu na ɗaliban makarantun shirya fim, waɗansu na masu zanen hoto mai motsi, waɗansu kuma na masu ba da labarin ban tsoro da ke son su gama da mai kallo cikin minti goma. Harsunansu daban-daban ne, kuɗin da aka kashe musu ma haka, amma galibinsu wuri ɗaya suka dosa. Za a nuna gidan sarauta a kan tsauni cikin hazo, a nuna kyandirori suna ci, a nuna wata mace fara sol a gaban madubi tana shafa gefen idonta inda fata ta fara tattarewa. Daga nan kuyanga ta fizgi gashinta wajen taza, uwargida ta kwaɗa mata mari, jini ya ɗiga a bayan hannun uwargida, ta goge, sai ta ga kamar wurin ya ƙara sheƙi. Abin da ya rage wa fim ɗin shi ne ya kai ta ga bahon wanka cike da jinin ƴammata, ya rufe.

Wannan baho shi ne abin da duniya ta fi sani game da matar, alhali kuwa babu shi a cikin takardun binciken da aka yi a kanta tana raye.

An haifi Batori a shekarar 1560 a masarautar Hungari, cikin ɗaya daga gidajen da suka fi ƙarfi da dukiya a wannan yanki na Turai. Kawunta Istifan Batori, wato ɗan'uwan mahaifiyarta, ya yi sarautar Foland. An yi mata aure a 1575, tana da shekara 14, da Ferens Nadashdi, wanda daga baya ya zama ɗaya daga cikin manyan jarumawan da suka kara da rundunonin Turkawa. Da yake miji ya fi zama a fagen fama, ita ce ta riƙe gandaye da ƙauyuka da barori, tana rubuta wasiƙu tana sasanta rigingimu, kuma ta iya Latin da Jamusanci ban da harshen uwa. Mijin ya rasu a farkon 1604, ya bar ta da dukiyar da har sarki ake bi bashi a cikinta.

Tun kafin rasuwarsa ake ƙishin-ƙishin cewa ƴammatan da ke shiga aikatau a gidajenta suna mutuwa fiye da kima. Wani limamin coci mai suna Istifan Magyari ya yi ƙorafi a bainar jama'a tun wajen 1602, amma maganar ba ta je ko'ina ba, don kuwa waɗanda ke mutuwa ƴaƴan talakawan gandu ne, kuma a dokar lokacin talakan gandu ba shi da bakin da zai kai basarake ƙara. Sai da zancen ya kai ga ƴaƴan ƙananan masu sarauta, waɗanda iyayensu ke aika su gidanta don koyon ɗa'a da zaman fada, sannan hukuma ta motsa. A 1610 Sarki Matiyas na Biyu ya ɗora wa Jorji Turzo, babban wakilinsa a Hungari, aikin bincike. Aka shiga ɗaukar bayanan shaidu, har adadinsu ya haura 300. A ƙarshen Disamban wannan shekara Turzo ya dira gidan sarautar Ceite, wanda yau yake cikin ƙasar Sulobakiya, ya tsare ta. A watan Janairun 1611 aka gurfanar da barorinta huɗu. Aka ƙona mata biyu daga cikinsu, aka sare kan namijin, aka bar ta huɗun a tsare. Ita kanta uwargida ba a taɓa gurfanar da ita a gaban alƙali ba. An tsare ta a Ceite har ta mutu a watan Agustan 1614.

Abin da shaidun suka faɗa ya isa ya tayar da tsikar jiki ba tare da an ƙara masa gishiri ba. Sun ambaci duka har rai ya fita, da soka allura a ƙarƙashin farce, da ƙuna da jan ƙarfe, da horon yunwa, da tuɓe yarinya a tsakiyar hunturu a kwara mata ruwa har ta daskare. Barorin da aka tuhuma sun ba da adadin mamata tsakanin 36 zuwa 50 da ƴan kai. Adadin nan na 650 da finafinai ke son rubutawa da jan tawada a ƙarshe ya fito ne daga bakin shaida guda, wadda ta ce ta ji wani ma'aikacin gidan ya ga lissafin a wani littafin uwargida. Littafin bai bayyana a gaban masu shari'a ba. Ji ne daga wanda ya ce ya gani, kuma shi ne duniya ta riƙe.

Bahon kuwa ya fara bayyana a rubuce ne a 1729, shekara 115 bayan mutuwarta, a littafin wani malamin ɗariƙar Jesuwit mai suna Lazlo Turotsi. Marubutan da suka biyo baya suka ɗauka suka yi ta maimaitawa, saboda ya dace da wa'azin da suke so su yi a kan son ado da tsoron tsufa da suke jingina wa mata. Da aka buga bayanan shaidun a 1817, sai aka ga babu wanda ya ambaci wanka da jini, duk da cewa mutanen nan ba su rage komai ba wajen zayyana mugunta. Hankali ma ba ya ɗauka. Jinin da ke jikin baligi kusan lita 5 ne, bahon da mutum zai nutse a ciki yana buƙatar fiye da lita 100, sannan jini yana guda cikin ƴan mintoci da barin jiki. Duk wanda ya taɓa tsayawa a mahauta ya san haka. An ce ƙarya fure take ba ta ƴaƴa, amma wannan dai ta yi ƴaƴa har da jikoki.

Dalilin da ya sa gajeren fim ya kasa rabuwa da bahon yana cikin ƙirar gajeren fim ɗin kansa. Mai minti goma ba shi da sararin da zai bayyana dokar gandu, ko bashin sarki, ko rikicin Katolika da Furotesta, ko yadda aka ɗauki bayanin shaida. Yana buƙatar abu guda da ido zai gani ya fahimci sanadi da aiki da sakamako ba tare da an yi magana ba, kuma bahon ya ba shi duka ukun a lokaci ɗaya. Madubi ya faɗi dalili, ja a kan farar fata ya ƙayatar da kyamara, kuma ana iya shirya fitowar da ɗaki guda, da ƴar wasa guda, da bokitin ruwa mai launi. Ɗalibin da ba shi da kuɗin hayar dawaki da sulke ba zai ƙi wannan rahusa ba. Abin da ke cikin takardu kuma ba shi da irin wannan tsari. Duka ne yau, duka gobe, a ɗakin wanki da madafa, saboda an ƙona guga ko an yi jinkirin ɗinki, kuma babu wani dalili a bayansa face cewa mai dukan tana da iko, wadda ake duka ba ta da inda za ta kai kuka. Wannan yana da wuyar ɗauka a fim, yana kuma da wuyar kallo.

A nan ne hasarar take. Bahon, duk da muninsa, gata ne ga Batori. Yana mai da ita wata halitta ta daban, kyakkyawa mai ban tsoro, wadda ke kisa don wata bukata da mai kallo zai iya ganewa har ya ɗan tausaya. Yana ɗauke laifin daga kan tsarin da ya mallaka wa mutum guda rayukan dubbai, ya ɗora shi a kan madubin mace. Ɗan fim na yau, wanda mai yiwuwa yake ganin kansa mai ƙalubalantar al'ada, ya gaji wa'azin malamin coci na ƙarni na 18 bai sani ba.

Fim ɗin da ya fi kafa wannan hoto a taƙaice shi ne wani kashi na Contes immoraux, wato labaran rashin ɗa'a, na Walerian Borowczyk, ɗan Foland mazaunin Faransa, wanda ya shiga gidajen sinima a 1974. Gajerun labarai huɗu ne a haɗe, kuma na ukunsu na Batori ne, wadda Paloma Picasso, ƴar shahararren mai zanen nan, ta fito a matsayinta. Fim ne na manya, kuma ba kowane gida zai karɓe shi ba, amma ya cancanci a ambata saboda abin da ya fara da shi. Kafin a ga gidan sarauta, an ga ƙauye. An ga basarakiya a kan doki da dakarunta, ana tattaro ƴammata, tana dubansu ɗaya bayan ɗaya kamar mai zaɓen dabba a kara. Magana kaɗan ce ƙwarai a cikin kashin. Waɗannan mintoci na farko sun fi kusa da gaskiyar takardu fiye da duk abin da ya biyo baya, domin sun nuna cewa ba sata ake yi da dare ba, iko ne ake nunawa da rana tsaka. Sai dai da zarar an shiga gida, ƴammatan sun zama tarin jiki marar suna, kyamara ta koma kan uwargida da lu'ulu'un rigarta, aka kai ga baho kamar kowa. Borowczyk ya ga ƙofar, ya leƙa, ya wuce.

A ƴan shekarun nan wani salo ya taso wanda ke ganin kansa kishiyar na farko. Shi ne na gajerun bidiyon da ke cewa duk abin sharri ne, Batori mace ce mai ilimi da dukiya wadda maza suka haɗa wa tuggu. Dogon fim ɗin Juraj Jakubisko na 2008 ya taimaka wajen yaɗa wannan fahimta, inda ya nuna ta tana warkar da marasa lafiya, Turzo kuma yana kwaɗayin ƙasarta. Maganar ba ta rasa tushe ba. Masana, cikinsu har da masaniyar shari'a Irma Szadeczky-Kardoss, sun nuna raunin binciken: an azabtar da barorin kafin su amsa laifi, yawancin shaidun ji suka yi ba gani ba, an hana wadda ake zargi kare kanta, akwai bashin da masarauta za ta so ta huta da shi, kuma wani ɗan danginta, Gabor Batori, yana mulkin Taransilbaniya a lokacin, ba ya kuma ga-maciji da gidan sarautar Habsbag. Duk wannan gaskiya ne, kuma ya kamata a faɗa.

Amma gajeren bidiyon wankewa yana yanke nasa rabin kamar yadda na baho ya yanke nasa. Ba ya faɗin cewa ƙorafi ya riga binciken da shekaru, tun mijin yana raye yana da ƙarfi. Ba ya faɗin cewa hana shari'ar ya fi amfanar danginta fiye da sarki, domin da an yanke mata hukunci da dukiyar ta iya faɗawa hannun masarauta, alhali yadda aka yi ta tafi ga ƴaƴanta. Sarki Matiyas ya yi ta matsa lamba a yi shari'a, Turzo da surukanta suka yi ta ja da baya. Idan tuggu ne, to, rabinsa na ceton sunan gida ne, kuma barori ne suka biya da rayukansu. Salon baho da salon wankewa sun yi tarayya a abu guda: dukansu basarakiyar suke kallo. Na farko ya mai da ƴammatan ruwan wanka, na biyu ya mai da su ƙagen maƙiya.

Kashi na huɗu na fim ɗin Borowczyk na Lukireziya Borjiya ne, ƴar Fafaroma Iskandar na Shida, wadda ta rayu daga 1480 zuwa 1519. Tata almarar zoben guba ne da zargin lalata da mahaifi da ɗan'uwa. Zargin ya fito daga bakin mijinta na farko, Jobanni Siforza, bayan an raba auren a 1497 bisa hujjar da ta ci masa mutunci, gubar kuwa wasan kwaikwayon Bikto Hugo na 1833 ne ya fi dasa ta a zukata. Babu wata shaidar tarihi da ta tabbatar ta kashe kowa. Ta ƙare rayuwarta tana matar sarkin Ferara, ana yabonta da riƙon gari da taimakon mawaƙa, ta rasu bayan haihuwa tana da shekara 39. Zobe mai ɓoyayyen murfi dai ya fi wannan duka sauƙin ɗauka a kyamara.

Wadda ta fi dacewa a ajiye kusa da Batori ita ce Dariya Saltikoba ta Rasha, da aka haifa a 1730. Ta yi takaba tana ƙuruciya, ta gaji gandaye kusa da Mosko da talakawan gandu kusan 600. Su ma sun yi ta kai ƙara ana mayar da su hannunta, har sai da biyu daga cikinsu suka kai takarda ga Sarauniya Katarina ta Biyu a 1762. Aka yi shekara shida ana bincike, aka bi rajistar mutanenta suna bayan suna, aka sami mutuwa fiye da 100 masu alamar tambaya, aka tabbatar da 38 a kanta, galibinsu mata. A 1768 aka tuɓe mata sarauta, aka tsayar da ita awa guda a dandalin Mosko da allo a wuya, sannan aka kulle ta a gidan ibadar mata na Ibanobski har ta mutu a 1801. A nan akwai shari'a, akwai lissafi, akwai hukunci, kuma dalilin dukan sau da yawa bai wuce wankin daɓe ko na tufafi da bai gamsar da ita ba. Duk da haka sunanta bai kai rabin na Batori yawo a wajen Rasha ba. Ba ta da baho, ba ta da zobe, itacen wuta da muciyar guga kawai gare ta.

Mai nazarin Hausa zai amfana da lura da yadda harshen ya raba waɗannan abubuwa da fim ke cakuɗawa. Akwai tarihi, wanda ake nema wa madogara. Akwai almara, wadda ke ɗaukar mutumin da ya taɓa rayuwa ta yi masa ado da abin da bai faru ba. Akwai jita-jita, mai yawo ba uba, da ƙage, wanda ke da mai shi da kuma manufa. Adadin 650 jita-jita ne, zargin Siforza ƙage ne, bahon kuwa almara ce da ta samu shiga littafi ta fito da rigar tarihi. Tatsuniya ta fi su duka gaskiya ta wani gefe, domin tun daga buɗewarta take sanar da mai sauraro irin abin da zai ji, ta kuma rufe da ƙurunƙus ta ɗora wa Gizo alhakin ƙaryar. Gajeren fim na ban tsoro yana yin akasin haka, yana buɗewa da rubutun cewa labarin gaskiya ne. Haka nan masu fassara kan kira Batori mayya don su kusanto da ma'anar mai shan jini ta almarar Turai, kuma kalmar ba ta zauna daidai ba, tun da mayya a fahimtar Bahaushe kurwa take kamawa, ba ta bukatar wuƙa ko baho.

Ƙasar Hausa ma tana da irin wannan gado a labarin Amina ta Zazzau. Kundin Tarihin Kano ya ambace ta da yaƙi da karɓar gaisuwa, ya ce ta ci garuruwa har Kwararrafa da Nufe, kuma Sarkin Nufe ya aiko mata da babanni 40 da goro 10,000. Zancen cewa takan ɗauki namiji a kowane garin da ta ci ta sa a kashe shi da asuba ba ya cikin wannan kundi, na baka ne. Amma shi ne gajerun bidiyo a kanta ba sa tsallakewa, saboda dalilin da ya sa ba sa tsallake bahon Ceite: yana shiga minti ɗaya, yana kuma fassara ikon mace da abin da ya shafi jikinta. Ganuwa da hanyoyin fatauci da harajin goro suna buƙatar taswira da haƙuri.

Gajarta ba ta tilasta wa fim ya yi ƙarya, zaɓin wanda za a kalla ne ke yin haka. A cikin takardun Batori akwai abin da zai cika minti goma ba tare da an ɗiga jini ko ɗigo ɗaya ba. Akwai limamin ƙauye da ake kawo wa akwatin gawa a rufe da dare a ce ya binne, yana lissafi a zuci yana tsoron buɗe baki. Akwai uwar da aka zo wa da albishir cewa an samo wa ƴarta aiki a gidan sarauta, ta yi murna ta ɗaure mata ƴan tsummokaranta. Akwai tsofaffin barori mata da suka yi shekaru suna aiwatar da umarni, waɗanda a ƙarshe su aka ƙona, mai umarnin kuma ta mutu a ɗakinta. Akwai kuma wasiƙar da Turzo ya rubuta wa matarsa bayan ya shiga Ceite, inda ya ce sun tarar da yarinya guda a mace, wata kuma da rauni amma da sauran numfashi. Wannan ta biyun ta ga abin da ya faru a gidan da idonta, an kuma fito da ita da rai cikin sanyin ƙarshen Disamba.